Wayar da Ƙofata Ba Ta Tsayarwa

Litinin, 10 ga Maris 2014, bayan La'asar

Kwana uku ke nan. Don rubuta lambobin rauta na sayi littafin nan, ga shi yau ina zuba masa abin da ba zan iya faɗa wa mutum ba.

Yaron bai dawo ba, layinsa kuma a kashe. Ɗana ne na fari, shekararsa ashirin da ɗaya. Ko a nan da ba mai karantawa hannuna ya ƙi rubuta sunansa. Haka na taso na tarar. Mahaifina har ya koma ga Allah bai taɓa kiran sunan yayanmu ba, daga "kai" sai "wancan". Ni ma tun ranar da na raɗa wa liman sunan a kunne ban sake faɗinsa ba.

Abin da ya faru ranar Juma'a a ƙofar shagon nan ba zan rubuta ba. Masu dawowa daga masallaci sun gani, sun fi talatin, su rubuta in suna so.

Matata Hamsatu ta aiko Husna da abinci, ba ta haɗo da ko sannu ba. Na ce wa Husna yunwa za ta koro yayanta, ta je ta faɗa wa uwarta haka. Ta ɗauki kwanon jiya ta fita. Shekararta goma sha bakwai, amma kallon uwarta ta ɗauko kaf.

Talata, 11 ga Maris, hantsi

Na zauna aiki, aiki ya ƙi zama. Wani ɗalibi ya tsaya kaina yana tambayar abin da ya hana katinsa shiga, na daɗe ina kallon bakinsa kafin na gane da ni yake.

Shekara huɗu ke nan da na bar gyaran rediyo na koma sayar da waifai. Rauta uku gare ni, wato na'urorin da ke watsa waifai ɗin: ɗaya nan Aliero bakin hanyar jami'a, ɗaya a tashar Jega rumfar Arzika mai cajin waya, ɗaya a Maiyama shagon Rufa'i mai kemis, bakin titi. Duk wanda ya kama waifai ɗina, kafin ya shiga intanet sai wani shafi ya tare shi ya ce ya sa lambar katin da ya saya. Ƙofa nake ce wa shafin. Manhajar ba tawa ba ce, wasu bayin Allah da ban taɓa gani ba suka rubuta ta suka bar ta a buɗe, kowa ya ɗauka ya gyara yadda ya ga dama. Da Turancina na bayan batirin rediyo na koye ta, wata takwas ina lalata rauta ina tayarwa. Har alfahari nake yi cewa ba wayar da za ta wuce ƙofata ban sani ba. Sai ga shi a gidana mutum ya yi wata bakwai yana fita da jaka kullum safe, ban san an sallame shi daga makaranta ba. Wani malaminsu ne ya zo sayen kati ya yi mini jaje, yana zaton na sani.

Laraba, 12 ga Maris, azahar

Shiru.

Alhamis, 13 ga Maris, ƙarfe tara na safe

Yana da rai. Ya Allah, yana da rai.

Rautocin nan uku duk suna aiko rahoto ga tsohuwar kwamfutar da ke shagona: wace waya ta kama, a ina, ƙarfe nawa. Kowace waya tana da wata lamba da aka ƙera ta da ita, ba ta layi ba, ko an cire sim tana nan. Tasa na san ta kamar Fatiha, ƙarshenta 4F2B. Yau ina duba rajista kamar kullum sai ga ta. Jega, bakwai saura minti takwas, ta yi minti goma sha ɗaya. Sannan Maiyama, takwas saura kwata, minti shida. Wato kudu ya yi.

Na rufe shago na ruga gida kamar yaron da ya ci jarrabawa. Na tarar da Hamsatu tana tsince shinkafa. Na yi mata bayani har da zane a ƙasa, nan Jega, nan Maiyama. Ta saurara har na gama.

"Waya kag gani, Malam," ta ce. "To wayar ta ci abinci?"

Sai da na dawo shago abin da ban so tunawa ba ya zo mini: waya ana sayar da ita, ana kuma ɗauke ta daga aljihun wanda ba zai ƙara nemanta ba.

Juma'a, 14 ga Maris, bayan masallaci

Na yi salla a sahun baya, na fito kafin a gama addu'a. Duk da haka mutum biyu sun tare ni da nasiha. Ɗaya ya ce magana zarar bunu ce. Na sani. Ni na zaro ta, ai ba sai an gaya mini ba.

Amma dabara ta zo mini. Shafin ƙofa nawa ne, ni nake rubuta abin da ke kai. A da "Barka da zuwa, sa lambar katinka" kawai yake cewa. Yanzu na ƙara layi ɗaya da jan rubutu a sama: "Wanda ya bar gida ranar Juma'a, ana nemansa a gida." Duk wanda ya kama waifai a garuruwan nan uku zai gani. Shi zai gane.

Lahadi, 16 ga Maris, yamma

Arzika ya kira daga Jega yana dariya har yana tari. Wai direbobi sun mai da sanarwata abin tsokana, duk wanda ya shigo rumfa sai a ce masa ana nemansa gida. Wani mahauci ɗan Gehuru da ya yi fushi da iyalinsa ya karanta, ya naɗe wuƙaƙensa ya koma, har ya dawo yana tambayar nawa matarsa ta biya aka sa. Na taya shi dariya don kada ya gane. Ya gane. Da dariyar ta ƙare sai ya ce, "Attahiru, in na gane shi ni riƙe maka shi?" Na ce ban san wanda yake nufi ba. Ya ce to.

Na mayar wa wani ƙato da gidansa, nawa yana nan yadda yake.

Talata, 18 ga Maris, La'asar

Wayar ta dawo. Maiyama uku da minti goma, Jega huɗu saura. Wannan karon daga kudu take. Aliero ba ta kama ba, ko da yake tsakaninmu da Jega ba tafiyar da za ta gajiyar da jaki ba ce.

Na yi lissafi. Alhamis ya tafi, Talata ya dawo. Wannan tafiyar manyan motocin albasa ce, su yi lodi su sauka kurmi su juyo da manja ko katako. Wato yaron da na so ya zama injiniya yana kwana kan buhun albasa. Wanda ko tabarma ba ya iya shimfiɗawa daidai.

Ya ga sanarwar, bai zo ba. Na sauya ta: "Innarka ba ta cin abinci." Ba ƙarya na yi ba.

Alhamis, 20 ga Maris, safe

Jega, minti goma sha huɗu. Maiyama, minti tara. Ya karanta cewa uwarsa ba ta cin abinci, ya hau mota ya wuce. Taurin kan nan na san inda ya gado shi, shi ya sa ban san wanda zan zaga ba.

Asabar, 22 ga Maris, azahar

Husna tana taya ni yanka katuna da almakashi. Ta ce ta aika masa saƙo ya fi ashirin, ko ɗaya bai amsa ba. Can, ba tare da ta ɗago kai ba, ta tambaye ni ko da gaske na cire shi daga cikin ɗiyana, domin in haka ne tana so ta sani, ita ce babba yanzu ko kuwa. Na daka mata tsawa. Ta ci gaba da yanka, hawaye na ɗiga kan katunan, sai da na ware guda shida da suka jiƙe.

Ban cire shi ba. Faɗa na yi. Amma bakin uba ba ya da wasa, kowa ya san haka, shi ma ya sani.

Litinin, 24 ga Maris, bayan Magariba

Gobe Talata. In ta kama a Maiyama ina da kusan minti arba'in kafin ta iso Jega. Na cika babur da mai. Na nuna wa Husna inda za ta riƙa dubawa a kwamfuta.

Talata, 25 ga Maris, bayan Magariba

Ban san ta inda zan fara ba.

Uku da rabi ta kama a Maiyama. Na isa tashar Jega kafin huɗu. Motocin albasa sun fi ashirin, sun yi layi har bakin gada, ga bas-bas, ga 'yan dako, ga zafi kamar a gasa nama. Husna ta kira ta ce ya iso, wayar tana kan rautar Arzika. Rautar ba ta kai nisan jifa biyu ba. Wato yana nan, iskar da nake shaƙa ita yake shaƙa.

Na bi motocin ɗaya bayan ɗaya, ina leƙa ƙarƙashi, ina ɗaga kai sama. Ina cewa "kai yaro, kai!" Yara goma suka juyo, ba shi a ciki. Husna tana kunnena tana cewa, "Baba, kira shi mana. Shina nan hal yanzu. Baba, kira shi." Na buɗe baki, wallahi na buɗe. Ga mutane sun san ni, ga dattawan tasha zaune kan benci. Sunan ya ƙi fitowa.

Arzika ne ya gaji da kallona, ya fito ya haɗa hannu a baki ya ƙwala sunan sau uku. Minti ɗaya bai cika ba Husna ta ce wayar ta ɓace. Ya ji ana nemansa ya kashe.

Na zauna a rumfar Arzika. Na ciro wayata don in ga yadda sanarwar take fitowa a ƙaramin allo, ko jan rubutun bai fito da kyau ba, domin kullum a kwamfutar shago nake dubawa. Na kama waifai. Sai na ga na shige intanet kai tsaye. Ba ƙofa, ba tambayar kati, ba sanarwa.

A manhajar akwai wani jeri na amintattun wayoyi, waɗanda ƙofa ba ta tsayarwa. Lamba biyu ce a cikinsa. Tawa, da wata da na sa shekara biyu da suka wuce, ranar da ya shiga jami'a. Ban iya ce masa barka ba, ban iya dafa kafaɗarsa ba, ba a yi. Sai na jira ya shiga wanka na ɗauki wayarsa na kwafe lambar na sa, don duk inda ya ga waifai ɗin babansa ya shiga ba tambaya. Ban taɓa gaya masa ba. A ranar na haddace 4F2B. Kwana goma sha biyu ina kallon lambar nan, hankalina bai taɓa tambayar inda na san ta ba.

Bai karanta komai ba. Duk Jega ta karanta, har mahaucin Gehuru, ban da shi.

Laraba, 26 ga Maris, hantsi

In ina so ya ga shafin, sai na cire shi daga jerin. In na cire shi, zai kama waifai ya ga ba intanet. Wayarsa ba irin mai buɗo shafi da kanta ba ce, sai ya shiga burauza da hannunsa sannan ƙofar ta bayyana. In bai shiga ba, abin da zai gani kawai shi ne babansa ya kore shi a ƙofar shago, yanzu kuma ya bi shi har Jega da Maiyama ya rufe masa abu ɗaya da ya rage. Daga nan ba zai ƙara kamawa ba, ni kuma ba zan ƙara sanin yana raye ba.

Akwai zauren da masu manhajar suke amsa tambayoyi a intanet. Shekara huɗu ina karantawa ban taɓa rubutu ba, don kunyar Turancina. Yau na rubuta. Na ce ina so waya ɗaya tak ta ga shafi dabam da na kowa. Na ce ɗana ne. Na goge, na sake rubutawa, na aika.

Alhamis, 27 ga Maris, safe

Ta wuce Jega, ta wuce Maiyama. Ashe kiran Arzika bai kore shi gaba ɗaya ba. Hannuna yana kan madanni, ban cire ba. Matsoraci.

Asabar, 29 ga Maris, La'asar

Mutum biyu sun amsa. Na farko ya ce ba daidai ba ne mai waifai ya riƙa bibiyar wayar mutum, ko da ɗansa ne, ba don haka aka rubuta manhajar ba. Na yi fushi na kusan awa guda, sannan na ga gaskiya ya faɗa. Zan roƙi gafarar wannan ma in na samu wanda zan roƙa.

Na biyun ban san sunansa ba, ban san ƙasarsa ba. Ya rubuto mini layi tara, ya nuna inda zan liƙa su, ya gargaɗe ni da abin da na riga na sani game da burauza. A ƙarshe ya ce shi ma uba ne. Na gwada da wayata, na cire kaina daga jerin, shafin gwaji ya fito mini ni kaɗai. Husna ta kama da tata, ta ga na kowa. Na cire jan rubutun daga shafin jama'a, direbobi su nemi wani abin dariyar.

Saura abin da zan rubuta.

Litinin, 31 ga Maris, azahar

Kwana biyu ina rubutawa ina gogewa. "Kai yaro" ba ta yi ba. "Mai wannan waya" kamar sanarwar 'yan sanda. A ƙarshe na tura Husna gida, na jawo ƙofar shago, na rubuta da yatsa ɗaya:

"Lauwali, ni ne babanka. Ban rufe maka ba, so nake ka ga wannan. Abin da na faɗa na janye shi. Ka zo gida."

Ga shi na kwafe shi a nan ma. Rufin shago bai faɗo mini ba. Na cire lambar daga jerin da ƙarfe ɗaya da minti ashirin.

Talata, 1 ga Afrilu, bayan Magariba

Talata ce, ba ta zo ba.

Laraba, 2 ga Afrilu, La'asar

Ba ta zo ba. Rufa'i ya kira daga Maiyama ya ce ana maganar wata motar albasa ta faɗi can gaban Yawuri, yaran mota biyu sun ji ciwo, ɗaya ba a san halinsa ba. Bai san ta wane ne ba. Na kira duk direban da nake da lambarsa. Kowa da tasa, wani ya ce ta Aliero ce, wani ya ce ta Gwaranyo.

Ban gaya wa Hamsatu ba. Ta dube ni da na shigo ta ce in wanke fuskata kafin yara su gani.

Alhamis, 3 ga Afrilu, asuba

Ya Allah, in akwai abin da bakina ya jawo, ka dawo da shi kaina.

Juma'a, 4 ga Afrilu, bayan La'asar

Ta kama a Maiyama, biyu da minti hamsin. Na yi sujada a kan simintin shago, ɗalibai suna kallo.

Da na ɗago na duba sosai. Daƙiƙa arba'in ta yi. Ba a buɗe shafin ba. Na jira Jega, ƙarfe huɗu, huɗu da rabi, biyar. Ba ta kama ba sam.

Abin da na ji tsoro shi ya faru. Yana raye, kuma yanzu ya tabbata na bi shi na rufe. Da hannuna, sau biyu.

Asabar, 5 ga Afrilu

Ban buɗe shago ba.

Lahadi, 6 ga Afrilu, yamma

Na gaya wa Hamsatu komai, daga jerin har motar da ta faɗi. Na zaci za ta yi kuka ko ta tashi ta bar mini wurin. Sai ta tambaye ni abin da na rubuta masa. Na ce na rubuta ya zo gida. Ta ce da wane suna na kira shi. Na sunkuyar da kai, ta gane, ta kau da kai tana gyara bakin zanenta. Sannan ta ce ashe dai na san sunan. Daren jiya ta ci tuwo loma uku, Husna ce ta ƙirga.

Litinin, 7 ga Afrilu, ƙarfe tara na safe

An buɗe shafin. Jega, bakwai da minti biyar. Ya tsaya a kai minti huɗu.

A ƙasan shafin akwai akwatin sa lambar kati, na manta ban cire shi ba. Duk abin da mutum ya rubuta a ciki, in ba lambar kirki ba ce, rajista tana ajiye shi a matsayin kuskure. Kuskure biyu na tarar daga wayarsa. Na kwafe su yadda suke:

husna ki bari

baba bai hwadin sunana

Da takwas saura minti goma, a Maiyama, ya ƙara ɗaya:

ki gaida inna

Shi ne. Ba ɓarawo ba, ba wanda ya sayi waya ba, ɗana ne da yatsunsa. Na yi dariya ni kaɗai, daga nan ban san lokacin da ta juye ta koma kuka ba. Shekara ashirin da ɗaya ina riƙe da kunyar nan kamar wani abin kirki da zan bar masa gado. Ni a wurina girmamawa ce, kowa ya san wanda ba a kiran sunansa shi ne na cikin rai. Yau na karya ta dominsa, shi kuma saboda na karya ta ya ce ba ni ba ne.

Talata, 8 ga Afrilu, hantsi

Na mayar da lambarsa cikin jerin. Rubutu ya yi iyakarsa. Ya shiga ba tambaya kamar da, ya daɗe yadda yake so, ni minti goma kawai nake nema.

Husna ta karanta kuskuren uku. Ta ce ita kam ta gaji da ɗaukar laifin da ba nata ba, a gidan nan ko akuya ta ɓata sai a ce Husna. Sannan ta ce, "Baba, ranar wanka ba a ɓoyon cibi." Na ce wa ya koya mata yi wa ubanta karin magana. Ta ce Inna ta aiko ta da shi.

Alhamis, 10 ga Afrilu, bayan La'asar

Na hau babur na fita bayan gari, cikin fadamar da aka gama cire albasa, inda ba kowa sai busassun ganye. Na waiwaya sau biyu, na gwada kiran sunan. Karo na farko iska ce kawai ta fito. Na biyu ya fito kamar ina tambayar farashi. Wani mai kiwo can nesa ya tsaya yana kallona, ya kaɗa tumakinsa ya sauya hanya. Dattijo mai furfura a gemu yana koyon faɗin kalma ɗaya. Na yi ta yi har bakina ya daina jin baƙunta.

In ya ji ya kashe wayar kamar ranar Arzika, ban san abin da ya rage ba.

Juma'a, 11 ga Afrilu, yamma

Ba ta zo ba. Mai yana cikin babur.

Asabar, 12 ga Afrilu, bayan Magariba

Uku da minti ashirin ta kama a Maiyama. Ban tsaya neman hula ba.

Tashar ta fi ranar nan cika. Na tsaya a rumfar Arzika, waya a kunne, har Husna ta ce ya iso. Ban bi motoci ba wannan karon. Na ce wa dattawan da ke kan benci su yi haƙuri su matsa, na taka bencin na hau. Arzika ya kashe rediyonsa.

Na kira. Muryar ta fito siririya, mai lemo da ke kusa kaɗai ta juyo. Na sake da ƙarfi. Wani direba mai ƙaton ciki ya amsa daga cikin motarsa, wani ɗan dako ma ya ajiye buhu, ashe masu sunan suna da yawa. Mutane suka fara tsayawa. Na ji wani daga bayana yana cewa ai ɗan farinsa ne, wani ya ce subhanallahi. Husna tana cewa wayar ba ta ɓace ba, tana nan. Na cire ta daga kunne na sa a aljihu, na kira na uku da duk abin da ke ƙirjina.

Can saman wata mota mai ɗauke da jarkokin manja, kai ya ɗago daga bayan tamfol. Ya yi baƙi, ya rame, hannunsa na hagu naɗe da tsumma. Bai gudu ba, bai kuma sauko ba. Kallona kawai yake yi kamar bai san ni ba.

Na ce, da ƙarfi yadda na bakin gada za su ji, "Abin da nic ce gaban mutane, ga ni gaban mutane na janye shi. Ɗana na kai, duniya da lahira. Ka yahe min."

Yaron ya kama ƙarfen motar da hannu ɗaya ya fara saukowa. Da ya kai rabi sai ya tsaya, fuskarsa na kallon jikin motar, ba ni ba.

"Wanga na ji, Baba," ya ce. "Na hwarin, kiran sunana, nika so ka sake."

Na sake.